Ina son haɗa fim kan 'yan fansho a Katsina, ta ina zan faro?

Ɗan Ƙofar Sauri:
Salam jama'a. Aikin jarida nake karanta, kuma ina son haɗa dokumentari kan ma'aikaci da fansho, yadda mutum zai yi shekara 35 yana aiki ya ƙare a layin tantancewa da fayil a hammata. Akwai wanda ya taɓa irin wanga aiki in duba salonshi? Waya ce kawai gare ni sai makirfo na aro.

Na Daurama:
Wslm ƙanena. Nemi aikin Hedrick Smith, tsohon ɗan jaridar New York Times ne da ya koma yi wa tashar PBS ta Amurka finafinai. A 2006 ya yi ɗaya kan ritaya, lokacin da kamfanonin can ke janye jiki daga fanshon da suke biya har mutuwa suna tura ma'aikaci tsarin 401(k), wato kai ke tarawa, in bai isa ba kai ta shafa. To mu ma ai hanyar da aka bi kenan, dokar fansho ta 2004 zamanin Obasanjo, aka gyara ta 2014, ma'aikaci kashi 8 mai ɗaukar aiki kashi 10, a tura wa PFA, wato kamfanonin da ke riƙe kuɗin fansho, hukumar fansho ta ƙasa PenCom na sa ido. Abin da ke burge ni da Hedrick Smith baya tsayawa kan tsoho yana kuka, sai ya bi kuɗin har wurin waɗanda suka tsara abin ya zaunar da su gaban kyamara.

Malama Mai Ritaya:
Ɗana Allah ya yi albarka, amma kar ka faro da Amurka, zo gidajenmu. Ni na ajiye alli, giratuti sai da na gaji da zarya kafin ta fito, kuma ko da ta fito kuɗin da na ƙudurta zan yi rufin ɗaki biyu da su ko kwano ba su kammala ba. Wannan nake so ka nuna, ba a hana ka ba amma an ba ka bayan kuɗin sun mutu. An maida mafi ƙarancin albashi 70,000 a 2024 daga 30,000, to tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023 mi 70,000 ke saye? Kuma ka riƙa neman izini kafin ka ɗauki fuskar mutum, da yawa na jin kunyar surukai su gan su.

Bafunture:
Duk kun tsaya kan ma'aikacin gwamnati. Manomin auduga na Funtua da Malumfashi fa, da masaƙun Kaduna suka durƙushe wa ya ba shi ko sisi? Shi fanshonshi ɗiyanshi ne da awaki. Ka saka shi ciki.

Ɗan Ƙofar Sauri:
Na gode ƙwarai. Mama zan turo saƙo ta inbox in ba damuwa. Yaya Bafunture kuɗin motar Funtua dai ne matsalar, sai ko bayan jarabawa.