Ɗana ya rubuta 12, malaminsa ya ce 10, ku ba ni shawara

Uwar Biyu, Aboabo:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Tun da mahaifinsu ya koma tuƙin babbar mota tsakanin Kumasi da Tamale, ni kaɗai nake duba littattafan yara, kuma ba na samun zama sai bayan isha'i, idan na gama tace gasarar kokon gobe, idona ya riga ya yi nauyi. Babban ɗana zai rubuta jarrabawar BECE ta kammala ƙaramar sakandare, ga shi jiya ya dawo da jan biro a kan wannan tambaya: ɗan wasa ya ci ƙwallo 6 a wasa 9, nawa zai ci a wasa 15 idan ya ɗore a haka? Ya rubuta 12, domin an ƙara wasa 6, shi ma ya ƙara ƙwallo 6. An ce amsar 10 ce. Ni ban ga kuskurensa ba, kuma hankalina ya tashi.

Malam na Asawase:
Wa alaikumus salam. 'Yar uwa, malamin ne da gaskiya. Ƙwallo 6 a wasa 9 daidai yake da ƙwallo 2 a kowane wasa 3, kuma wasa 15 shi ne 3 sau 5, saboda haka 2 sau 5 ya ba da 10. Da a ce tarawa ake yi, wanda ya ci ƙwallo 1 a wasa 10 zai ci 11 a wasa 20, kin ga hankali ba zai ɗauka ba. Ki sa ya haddace hanya ɗaya kawai: 6 sau 15 ya zama 90, a raba da 9.

Hajiya, Sabon Zongo:
Malam, haddar ce ta cuci 'yata. Wata shida ina biyan kuɗin darasin yamma, amma da aka juya mata tambayar aka ce a nemo yawan wasanni, sai ta tsaya tana kallon takarda. Uwar Biyu, ki zana wa ɗanki layi biyu, ƙwallaye a sama, wasanni a ƙasa: 2 da 3, 4 da 6, 6 da 9, har ya isa 15 da kansa.

Malam na Asawase:
Hajiya, a ɗakin jarrabawa babu lokacin zane. Asamoah Gyan ya ci wa Ghana ƙwallo 51 a wasa 109, wato kusan ɗaya a kowane wasa biyu, shin layi nawa za a zana kafin a kai can? Uwar Biyu, ki canza wa ɗanki malamin darasi, shi ne magana.

Uwar Biyu, Aboabo:
Na gode muku, amma ba zan canza shi ba, ɗan maƙwabciyata ne, kuma yana yi mini haƙuri idan kuɗi ya makara. Yaron nan ya san sakamakon kowane wasan ƙungiyar ƙwallo ta Kotoko da ka, don haka ban yarda lissafi ne ya gagare shi ba. Yanzu wanne zan sa shi ya yi daren nan, haddar ko zanen?