Wa ya san 'yar Indiyan nan da ta rubuta wa mijinta wasiƙu bayan ya rasu?

Maman Biyu, Unguwar Rogo:
Salamu alaikum. Tun da na fita takaba nake da wani littafi mai shuɗin bango. In sanyin Jos ya hana ni barci, sai in tashi in rubuta wa Malam labarin gida: kuɗin makarantar yara, kwanon ɗaki da ke yoyo, gwaibar da ya dasa da ta fara 'ya'ya bai gani ba. Wata 'yar Indiya da muke koyarwa tare ta ce a yarensu na Gujarati akwai wata Hira Pathak da ta yi irin haka, amma a waƙe. Wa ya san ta? Kuma don Allah ku faɗa mini gaskiya, abin nan da nake yi lafiya kuwa?

Ɗalibin Adabi, Farin Gada:
Allah ya jiƙan Malam, Hajiya. An haifi Hira Pathak a Mumbai a 1916, ta rasu a 1995. Gujarati yaren su Gandhi ne, a yammacin Indiya. Tun kafin a san ta da waƙa mai nazari ce, ta yi littafi kan tarihin sharhin adabin Gujarati a 1939, ta kuma shafe sama da shekara 30 tana koyarwa a jami'ar mata ta SNDT. Mijinta Ramnarayan Pathak babban marubuci ne, ya girme ta da kusan shekara 30, ya rasu a 1955. Wasiƙun guda 12 ne, sunan littafin Paraloke Patra, wato wasiƙu zuwa lahira. A 1974 aka ba ta lambar zinare ta Ranjitram, lambar yabo ce ta adabin Gujarati. Abin da ke burge ni, mace da ta saba auna waƙar wasu, da nata ciwon ya zo sai ta sa masa ma'auni shi ma, ba ta bar shi ya zube haka nan ba.

Kawu Na Rikkos:
'Yata, ni dai addu'a da sadaka na san suna isa ga mamaci. Takarda ba ta zuwa kabari. Su can addininsu daban.

Gwaggon Yara:
Haba Yaya, ai ba ta ce ta aika a gidan waya ba! Nana Asma'u ba ta yi wa mijinta Waziri Giɗaɗo marsiyya ba? Ta yi wa ɗan'uwanta Sarkin Musulmi Bello ma. Ƙanwata, lafiyarki ƙalau. Ki dai ɓoye littafin kada yara su yage shi su ƙunsa gyaɗa.

Maman Biyu, Unguwar Rogo:
Kawu, na ji, kowace Juma'a ina yin ƙosan sadaka. Gwaggo, kin makara, ƙaramin ya riga ya zana mota a shafi na 9. Jiya na rubuta wa babansa hakan.