Neman kalma: abin da ba gaskiya ba, ba kuma ƙarya ba

Ƴar Rediyo: Salamu alaikum malamai, don Allah a taimake ni, gobe ƙarfe 10 na safe zan naɗi shirina na falsafa kuma na maƙale. Shirin a kan Jan Łukasiewicz ne, masanin lojik (ilimin ƙa'idojin tunani da kafa hujja) ɗin nan na Poland da aka haifa a Lwów 1878 ya rasu a Dublin 1956. A 1920 ya fito da tsarin da magana ba dole ta zama gaskiya ko ƙarya ba, akwai na uku. Gaskiya ya ba ta 1, ƙarya 0, na ukun ½. Misalin da ya bayar shi ne ya ce zai kasance a Warsaw da tsakar rana 21 ga Disamba na baɗi, to yau wannan maganar gaskiya ce ko ƙarya? To shi na ukun nan me zan kira shi da Hausa?

Malam Na Zaure: Wa alaikumus salam. Kafin a je ga na uku ƴata, ki daina cewa lojik, mandiƙi sunansa, mun karanta littafin mandiƙi Sullamu ta Ahdari a zaure tun kafin a san da jami'a a ƙasar nan. Na ukun kuma ki ce ja'izi. Duk wanda ya yi tauhidi ya san wajibi, mustahili, ja'izi.

Abu Lissafi: Allah ya gafarta malam, mandiƙi kam na yarda, amma ja'izi zai kawo ruɗani. Hasken rana da ake gani yanzu ai ja'izi ne a hankalce, zai iya kasancewa zai iya rashin kasancewa, amma in na ce rana ta fito yau maganata gaskiya ce cikakkiya, 1 ce ba ½ ba. Ga shi kuma mai sauraro da ya ji ja'izi hankalinsa fiƙihu zai tafi, ya ɗauka halal ake nufi.

Hajiya Mai Fassara: Shakka fa? Ko ba a sani ba?

Abu Lissafi: A'a Hajiya, nan ne ma mutane suke zamewa. Shakka a zuciyar mutum take. In na ce yawan tsakuwar bakin kogi adadi ne da zai rabu biyu daidai, ban sani ba, amma maganar ko gaskiya ce ko ƙarya tun yanzu. Shi kuwa Łukasiewicz cewa yake abin ne kansa bai tabbata ba tukuna, ba wai mu ne ba mu sani ba. Daga Aristotle, masanin falsafar tsohuwar Girka, ya ɗauko damuwar, inda yake tambaya ko gobe za a yi yaƙi a teku.

Bahaushe Zalla: Ni fa abin nan yana ci mini tuwo a ƙwarya, a gudu daga Turanci a faɗa Larabci, mandiƙi, ja'izi, shakka, wanne ne Hausa a ciki? Na daɗe da ƙirƙirar kalma: GASKARYA. Gaskiya da ƙarya a haɗe, gajeriya, tana da daɗin faɗa a rediyo. Ku sa ta kawai.

Hajiya Mai Fassara: To kai ma kalma da ka rubuta yanzu daga ina ta zo? Da hankali, da lissafi, da lokaci, duk mu zubar?

Bahaushe Zalla: Waɗancan sun tsufa a bakinmu Hajiya, ni sababbi nake magana. Ƴan Poland ɗin nan da kuke yabo ai da yarensu suka rubuta, takardar 1920 ɗin da Folanci ya buga ta, bai jira kowa ba. Mu ne kullum sai aro, shi ya sa ake raina mu a jami'a.

Malam Na Zaure: Yaro, mandiƙi ya fi kakanka daɗewa a Katsina.

Abu Lissafi: Mu bar batun raini ɗan'uwa, matsalar gaskarya ba asali ba ce, ma'ana ce. Duk wanda ya ji ta zai fahimci rabin gaskiya rabin ƙarya, irin ta mai sheda da ya ɓoye wani abu. A tsarin Łukasiewicz in ka kore ½ abin da za ka samu ½ ne dai, zai je Warsaw da ba zai je ba duk matsayinsu ɗaya yau, ba gauraye ba ne, jira ne. Shi da kansa ma yiwuwa ya kira shi. Ni da ni ne sai in ce mai yiwuwa.

Hajiya Mai Fassara: Mai yiwuwa ta yi laushi, kamar wataƙila. Ni a rataye ta fi kwanta mini, kamar shari'ar da alƙali bai yanke ba.

Ƴar Rediyo: Na gode ƙwarai malamai. Zan ce mandiƙi mai hukunci uku: gaskiya, ƙarya, da mai yiwuwa, sai in yi bayani da a rataye ta Hajiya don kada a ɗauka shakka ce. Zan kuma faɗa a fili cewa ra'ayinsa ne na adawa da masu cewa komai ya riga ya ƙayyadu ta hanyar sababi, don na san masu kiran waya za su kawo batun ƙaddara.

Malam Na Zaure: Ki faɗi hakan da kyau. Ja'izi dai ban janye ba, amma tunda kin bar lojik, shi ke nan.

Bahaushe Zalla: A rataye ko ba komai Hausa ce, ita kaɗai na yarda da ita. Hukunci ɗin nan kuma da sauran magana, in an gama naɗin ki turo mana mu ji.