Wasannina suna ɓacewa a TI-84 Plus, ga kuma ERR:MEMORY

Sabon_Shiga

Assalamu alaikum. Ina da kalkuleta TI-84 Plus mai allon baƙi da fari, ba CE mai allon launi ba, da wasanni takwas a ciki. Matsalata uku ce. Wani wasan idan na buɗe shi sai ya nuna ERR:MEMORY, alhali ARC FREE, wato sararin da ya rage a Archive, ya haura bayit 400,000, RAM FREE kuwa bai kai 4,000 ba. Na biyu, idan kalkuletar ta maƙale na cire batir na mayar, sai ta rubuta RAM cleared, wasannin duka sun tafi. Na uku, da na gwada mayar da wani wasa Archive sai ya ƙi tashi, ya ce ERR:ARCHIVED. To ina ne daidai in ajiye su? Kuma mene ne wannan Garbage Collect da take tambayata wani lokaci, in ce Yes ko No?

Injiniya_Z80

Wa alaikumus salam. Malam, matsalolin nan uku tushensu ɗaya: kalkuletarka ma'ajiya biyu gare ta, kai kuma ka tara komai a ƙaramar.

RAM ita ce wurin aiki. A TI-84 Plus abin da aka bar maka a cikinta kilobayit 24 ne kacal, kuma wutar batir ce ke riƙe da ita. Archive kuwa kilobayit 480 ce, ba ta buƙatar wuta, shi ya sa RAM cleared ba ya taɓa ta. Wannan 400,000 da kake gani ba ta da amfani ga wasan da ke gudana, domin wasa a RAM yake aiki. Wasan da aka rubuta da yaren asambili ma, wato yaren da ke magana da injin kai tsaye, idan ka tashe shi da umarnin Asm(, sai an kwafe shi zuwa wani keɓaɓɓen wuri a cikin RAM ɗin kafin ya fara. Wato wasa mai bayit 7,000 yana neman wasu 7,000 a sarari, kai kuma ba ka da ko 4,000. Ga ERR:MEMORY ɗinka nan.

Yadda za ka gyara: danna 2nd, sannan maɓallin +, shi ne MEM. Zaɓi 2:Mem Mgmt/Del, sannan 7:Prgm. Za ka ga sunan kowane shiri da girmansa a dama. Kai kibiya kan wasa ka danna ENTER, tauraro zai fito a gefen sunan, alamar ya koma Archive. Sake danna ENTER ya dawo RAM. Ka kula da yatsanka a wannan allon, maɓallin DEL gogewa yake yi, kuma babu kwandon shara da za ka je ka tono.

Bayan nan ka shiga 1:All ka ga me kuma ke cin wuri, don ba wasanni kaɗai ba ne. Kowace lamba a cikin jeri tana cin bayit 9. Jeri mai lamba 500 da aka manta da shi a L1 ya cinye 4,500 ke nan. Kowane hoton Pic yana cin 767. Akwai kuma wanda mutane ba sa tunawa da shi, wato Ans, inda ake ajiye amsar ƙarshe: idan lissafinka na ƙarshe dogon jeri ne ko babban matrix (teburin lambobi), to kwafinsa na zaune a Ans. Rubuta 0 ka danna ENTER, wurin ya dawo. Clear Entries, lamba 3 a MEM, shi ma yana ɗan saki wuri.

Batun ERR:ARCHIVED kuwa, tsarin TI-84 Plus mai baƙi da fari ba ya tashin shiri kai tsaye daga Archive. Ko dai ka riƙa dawo da wasa ɗaya RAM duk lokacin da za ka buga, ka mayar idan ka gama, ko ka saka manhajar da za ta yi maka wannan aikin. Biyu ne aka fi sani, MirageOS da Doors CS 7. Su kansu a Archive suke zama, suna nuna maka jerin wasanninka, su kwafi wanda ka zaɓa zuwa RAM na ɗan lokaci. MirageOS tana cin bayit 16,384, Doors CS 7 ninki uku na hakan. Ni Doors CS nake ba da shawara ga mai 84 Plus, tunda wuri ba matsalarka ba ne, kuma tana ba ka damar tashin shirin da ke Archive daga babban allo kamar kowane shiri. Mai TI-83 Plus, da Archive ɗinsa kilobayit 160 ce, shi ne zai yi tunani sau biyu. Ko da manhajar, dole RAM ta sami sararin da zai ɗauki wasan, don haka sharar da na faɗa a sama tana nan.

Hajiya_Lissafi

Abin da Injiniya ya faɗa haka yake, amma akwai rami a gaba da bai ambata ba, kuma nan ne yawancin mutane ke faɗawa: wasan daban, inda yake ajiye makinka da matakin da ka kai daban.

Wuri uku wasa yake iya ajiye ci gabanka. Wasannin TI-BASIC, wato yaren da ake rubutawa a kan kalkuletar kanta, galibi suna ƙirƙirar jeri mai suna, za ka gan shi a 4:List. Na asambili da yawa suna yin abin da ake kira AppVar, yana can ƙasa a jerin Mem Mgmt/Del. Wasu tsofaffin kuma a cikin jikin shirin suke rubuta makin. Idan ka kai wasan Archive ka bar jerinsa ko AppVar ɗinsa a RAM, ranar da kalkuletar ta maƙale wasan zai tsira, amma ka koma matakin farko.

Sai dai kada ka yi gaggawar sa wa komai tauraro. Jerin da ke Archive, shirin TI-BASIC ba ya iya karanta shi, zai tsaya da ERR:ARCHIVED. Marubucin da ya san aikinsa yana sa SetUpEditor da sunan jerin a farkon shirin, domin umarnin yana fito da jerin daga Archive da kansa, idan ma babu shi ya ƙirƙire shi. Wanda bai sa ba, kai ne za ka riƙa fito da shi da hannu. Haka idan wasan yana da ƙananan shirye-shirye da yake kira, misali babban shiri da wasu biyu ko uku masu sunaye makamantan nasa. Ka fito da babban ka manta da 'ya'yansa, zai tashi lafiya, ya mutu a tsakiya da wannan kuskuren.

Maganin wannan shi ne Group, lamba 8 a MEM. Zaɓi Create New, ba shi suna, sannan ka yi wa wasan da jerinsa da ƙananan shirye-shiryensa alama da ENTER, ka matsa dama zuwa DONE. Abu biyu ne mafi ƙarancin abin da yake karɓa. Kullum a Archive yake zama, kuma kwafi ne, na RAM ɗin suna nan yadda suke. Idan RAM ta goge, ka koma 8:Group, ka matsa zuwa UNGROUP, komai ya dawo. Idan ya tarar da mai suna iri ɗaya zai tambaye ka, ka zaɓi Overwrite in kana son tsohon ya hau kan sabon, ko Omit ya tsallake. Ka tuna Group hoton ranar da aka yi shi ne. Makin da ka ci bayan nan ba ya ciki, sai ka goge tsohon Group ɗin ka sake wani.

Yanzu Garbage Collect. Ka ce Yes, amma ka san dalili. Archive an yanka ta gida-gida, kowane gida kilobayit 64. Irin wannan ma'ajiyar ba a iya share ɗan guntu a cikinta, sai dai a share gida sukutum. Saboda haka idan ka goge wasa, ko ka fito da shi RAM, kalkuletar alama kawai take yi masa cewa ya mutu, gawar tana nan kwance. ARC FREE zai ƙaru nan take, amma wurin bai buɗe ba tukuna. Duk sanda ka mayar da wasan, sabon wuri yake ci a gaba. Ranar da sabon wuri ya ƙare, sai ta nemi izinin kwashe rayayyun ta jera su, ta share gidajen. Ba ya goge komai naka. Idan ka ce No, abin da kake son ajiyewa ne kawai ba zai shiga ba.

Sharaɗi ɗaya: kada wuta ta yanke ana tsaka da aikin. Yakan ɗauki daga 'yan daƙiƙoƙi zuwa mintoci, gwargwadon abin da ke ciki. Idan ta riga ta fara yi maka gargaɗin batir ya yi ƙasa, canja su tukuna. Kana iya kiran aikin da kanka lokacin da ka natsu: 2nd, 0, ka nemi GarbageCollect a CATALOG.

Wannan ne ma ya sa ban cika son dabarar fito da wasa da hannu, a buga, a mayar ba. Wasa mai bayit 10,000 da ake yi wa haka sau shida ya cinye kusan gida guda.

Injiniya_Z80

Hajiya ta tuna mini da wani abu game da MirageOS. A cikin saitunanta akwai zaɓin sake rubuta shiri cikin Archive bayan an fita daga wasa. Idan a kunne yake, wasannin da ke ajiye maki a jikinsu za su riƙe makin, amma za ka riƙa ganin Garbage Collect a kai a kai. Idan ka kashe, tambayar ta ragu, makin irin waɗannan wasannin kuma ba zai zauna ba. Zaɓi ya rage naka.

Kuma bayan kowane RAM cleared ka buɗe Doors CS sau ɗaya daga APPS. Manhajar ba ta goge ba, amma ƙugiyar da take saƙalawa a tsarin don tashin shirye-shirye daga babban allo ta cire, sai ka ga ERR:ARCHIVED ya dawo ka zaci ta lalace.

Game da batir: bayan AAA huɗun akwai ƙaramin batir mai kamar maɓallin riga a ƙarƙashin wani murfi mai sukurori ɗaya, SR44 a 84 Plus. Shi ke riƙe RAM yayin da kake canja manyan. Idan RAM tana gogewa ko da ba maƙalewa aka yi ba, canjin batir kawai, to shi ne ya mutu. Kada a cire shi tare da manyan lokaci guda. Maƙalewar kanta kuwa yawanci daga wasan asambili ne mai kuskure, ko wanda aka rubuta wa wata kalkuleta daban. Irin wannan gogewar ba batir da zai hana ta.

Mai_CE

Don masu TI-84 Plus CE da za su karanta wannan, kada ku ɗauki komai kai tsaye. RAM ɗinku ta kai wajen kilobayit 150, Archive kuma megabayit 3. Daga tsarin aiki (OS) na 5.3 ana tashin shirin da ke Archive kai tsaye, ba sai da wata manhaja ba. MirageOS da Doors CS 7 ba sa aiki a CE, wasannin asambili na mai baƙi da fari ma haka, ko da fayil ɗin ya ƙare da .8xp iri ɗaya. Cesium ce takwararsu a nan, kuma tana da zaɓin adana RAM kafin ta tashi wasa.

Abu biyu ke yawan cin mutane a CE. Na farko, wasannin da aka rubuta da yaren C suna dogara da wasu AppVar na taimako, irin su LibLoad da GRAPHX da KEYPADC. Idan an tura su RAM, danna ɗan maɓallin reset na baya sau ɗaya ya isa ya share su, sai duk wasannin su ƙi tashi tare alhali suna nan. A sa musu tauraro. Na biyu, a 2020 kamfanin Texas Instruments ya cire damar tashin shirye-shiryen asambili daga sababbin tsare-tsarensa. Idan wasa ya ce ERROR: INVALID, wannan ba matsalar wuri ba ce, goge-goge ba zai gyara ba. Duba lambar tsarinka a MEM, 1:About. Masu sabon tsari ta hanyar arTIfiCE suke bi, wata dabara ce da ke dawo da damar tashin irin waɗannan shirye-shiryen.

Hajiya_Lissafi

Sabon_Shiga, saura abu ɗaya da Archive ba ta kare ka daga gare shi. A 7:Reset akwai shafuka uku. All RAM na shafin farko ba ya taɓa mai tauraro. Shafin ARCHIVE yana goge abin da ke cikinta ko manhajoji ko duka biyun, shafin ALL kuma yana kwashe komai, har da Group. Mai sa ido a jarrabawa yana iya neman a yi wannan na ƙarshen, ko a sa kalkuletar a yanayin Press-to-Test, wanda ke kulle shirye-shirye da manhajoji, kuma yana iya tafiya da AppVar ɗin da makinka ke ciki. Don haka kafin ranar ka haɗa ta da kwamfuta da wayar USB, ka buɗe TI Connect CE, wadda ke aiki da 84 Plus ma, ka jawo shirye-shiryen da jerin da AppVar zuwa wani folda. Wajen mayar da su, a akwatin turawa akwai inda ake zaɓar RAM ko Archive ga kowane fayil. Ka zaɓi Archive tun daga nan, in ba haka ba kilobayit 24 ɗin na iya cika, turawar ta tsaya a rabi.

Idan kuma wata rana ta ce ERR:ARCHIVE FULL alhali ARC FREE na nuna saura, ka karanta lambobin da ke ƙarƙashin saƙon. Suna faɗa maka mafi girman abu guda da zai iya shiga yanzu. Shiri ɗaya ba ya raba ƙafa tsakanin gida biyu, don haka guntayen sararin da suka rage a ƙarshen kowane gida ba sa haɗuwa su ɗauki babban wasa. Goge babban abu ɗaya da ba ka buƙata, ka yi GarbageCollect, sannan ka sake gwadawa.