Neman Kalma: Me Za Mu Kira “Feminism” da Hausa?

Mai fassarar labarai, daga Gwale:

Assalamu alaikum. Ina neman gudunmawar malamai da abokan aikin fassara a kan kalmar Turancin nan “feminism”, wato ra'ayin nan na neman a bai wa mata matsayi da dama kamar na maza, wadda da wuya mako ya wuce ba ta faɗo cikin labarin da za a karanta da Hausa ba, kuma har yau ba mu tsaya a kan magana ɗaya game da ita ba. Wani ya rubuta “'yancin mata”, wani ya rubuta “daidaiton jinsi”, wani kuma ya bar ta da Turancinta ya ce “'yan feminist”, alhali a bakin matasan Facebook wannan laƙabi ya riga ya zama zagi, ana jifan duk macen da ake ganin ta raina aure ko ta fi ƙarfin mijinta da shi. A watan Maris na 2022, lokacin da Majalisar Tarayya ta yi watsi da ƙudurori biyar da suka shafi mata a gyaran tsarin mulki, har mata suka tare ƙofar majalisar a Abuja, mai sauraron da ya murɗa rediyo daga wannan tasha zuwa waccan zai iya ɗauka cewa labarai daban-daban ake ba shi. Abin da nake nema shi ne kalmar da mai wannan ra'ayi za ta yarda a kira ta da ita, kuma mai adawa da ra'ayin zai iya furta ta a kan mumbari ba tare da ya sauya ta ba.

Malamar adabi, daga Kabuga:

Wa alaikumus salam, Malam. A sassan Hausa na jami'o'inmu an daɗe ana cewa “ra'in matantaka”, kuma ɗalibai da yawa sun rubuta kundaye da wannan suna. Waɗanda suka ƙirƙiro shi ba da ka suka yi ba, domin hanyar da asalin kalmar ta bi ita suka bi. A Faransa aka haife ta, daga kalmarsu ta “mace”, kuma a shekarun 1880 Hubertine Auclert, mai fafutukar a bai wa mata ƙuri'a, ta riƙa kiran kanta da ita kafin kalmar ta tsallaka Ingila da Amurka. Larabawa ma haka suka yi, suka ɗauki “nisa'u” suka gina “nisawiyya”. Mu kuma muka ɗauki “mata” muka liƙa mata ɗafa-ƙeya.

Sai dai ni da nake koyar da shi ina da ƙorafi a kansa. Ɗafin nan na “-ntaka” hali yake nunawa ko yanayin zama, kamar yadda muke cewa mazantaka da jarumtaka da 'yan'uwantaka da maƙwabtaka, ba ya nuna aƙida ko gwagwarmaya. Idan aka ce wa wata Hajiya mai sayar da atamfa a Kantin Kwari 'yarta ta cika matantaka, godiya za ta yi, domin abin da za ta ji shi ne yarinyar tana da kunya da tsafta da iya girki da iya tarairayar miji, wato kusan kishiyar abin da ake son faɗa. Akwai kuma wata asara da ba a cika lura da ita ba. Masana mata na Afirka da baƙaƙen fatar Amurka sun daɗe suna jayayya da kalmar Turawan, har suka ƙirƙiro nasu sunaye: Alice Walker ta kawo “womanism” wanda ya jingina a kan rayuwar mata baƙar fata, Molara Ogundipe-Leslie ta kawo nata a 1994 wanda ya jingina a kan sauya al'umma tare da mata a ciki, Catherine Acholonu a 1995 ta gina nata a kan uwantaka, Obioma Nnaemeka kuma ta gina nata a kan sasantawa da maza maimakon fito-na-fito. Wannan na Alice Walker shi ne “matantaka” ta fi dacewa da shi ƙwarai. Idan muka kashe kalmar a kan “feminism”, ranar da za mu koyar da saɓanin da ke tsakanin mazhabobin biyu sai mu rasa bakin magana.

Malamin Islamiyya, daga Fagge:

Allah ya saka wa Malama da alheri. Ni gargaɗi biyu zan yi. Na farko, a nisanci “daidaiton jinsi” a gidan rediyo. Kalmar “jinsi” ba ta da laifi a asalinta, daga Larabci muka aro ta, kuma ɗan makaranta ya san jinsin namiji da jinsin mace a darasin nahawu. Amma tun da aka sa hannu a dokar hana auren jinsi a watan Janairun 2014, kunnen mutanenmu ya riga ya ɗaure “jinsi” da waccan magana, kuma duk wanda ya ga ƙurar da ta tashi a tsakiyar 2024 a kan yarjejeniyar Samoa, wadda Najeriya ta sa wa hannu da Tarayyar Turai har aka yi ta zargin ta ƙunshi auren jinsi, ya san abin da nake nufi. Ka ce za a yi taron daidaiton jinsi a unguwa, kafin la'asar labari ya zama wani abu dabam. Ita ma “daidaito” ba ta tsira ba, domin da an furta ta malami zai tambaye ka ko har da rabon gado, kuma maganar gado tana cikin abin da ya kayar da ƙudurin daidaita dama tsakanin maza da mata a Majalisar Dattawa a watan Maris na 2016.

Na biyu, kuma shi ya fi damuna, kada a yi wa kalmar nan kwalliya. Na ji wasu suna cewa a fassara ta da “kare haƙƙin mata” kawai a huta. To, haƙƙin mata ba baƙonmu ba ne. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a cikin Nurul Albabi ya yi kaca-kaca da malaman da suke koyar da ɗaliban waje su bar matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, 'yarsa Nana Asma'u kuma, wadda ta rasu a 1864, ta kafa 'Yan Taru, tana naɗa jajoji tana ɗora musu malfa su shiga ƙauyuka suna karantar da mata. Ita kuwa aƙidar da ake magana a kai tana da rassa, kuma a cikin rassan akwai masu ganin auren mace fiye da ɗaya zalunci ne, da masu ganin shugabancin miji a gida shi ne tushen matsala, da masu neman a halatta zubar da ciki. Idan aka sa wa wannan duka suna “haƙƙin mata”, an yi wa mai sauraro rufa-rufa, kuma an mai da duk wanda ya yi musu tamkar mai goyon bayan a ci haƙƙin mata.

Lauya, daga Gyaɗi-Gyaɗi:

Allah ya gafarta Malam, na yarda da rabin maganarka, kuma rabin da na yarda da shi ne zai kai mu ga mafita. Amma bari in fara sallamar “'yancin mata”, tunda ba wanda ya taɓa ta. A Hausa 'yanci kishiyar bauta ne, shi ya sa muke cewa an 'yanta bawa, muke cewa ƙasa ta sami 'yancin kai a 1960. Maigidan da ya ji ana neman 'yancin mata abin da ke zuwa ransa shi ne an kira shi ubangijin bayi, daga nan kuwa ba sauran saurare. Ga kuma inuwar “mace mai zaman kanta” da ke biye da kalmar, wadda kowa ya san ma'anarta a garin nan.

Shekarun da na yi ina shiga kotunan shari'ar Musulunci ban taɓa jin mace ta tsaya gaban alƙali ta ce 'yanci take nema ba. Za ka gan ta da goyo a baya, da takardar saki a naɗe cikin leda, ta ce, “Allah ya gafarta Malam, haƙƙina nake nema.” Tana nufin kuɗin ciyar da yara, ko cikon sadaki, ko kayan ɗakinta da aka riƙe, ko tumuninta da 'yan'uwan mamaci suka danne. Kalmar tana da nauyin da Turancinta ba shi da shi, domin Bahaushe ya yi imani haƙƙi ba ya barin wanda ya ci shi, ko a nan ko a gobe. Da wannan harshe aka kuɓutar da Safiya Hussaini a Sakkwato a 2002 da Amina Lawal a Katsina a 2003 daga hukuncin jefewa bisa zargin zina: lauyoyin da suka tsaya musu, tare da ƙungiyoyin kare haƙƙin mata irin su BAOBAB da WRAPA, da hujjojin fiƙihun Malikiyya suka yi ɗaukaka ƙara, har da mas'alar kwantaccen ciki.

Inda na rabu da Malam shi ne, abubuwa biyu ne muke ta ƙoƙarin cusa wa riga ɗaya, kuma tarihinmu na kusa ya riga ya raba su. Ƙungiyar WIN (Women in Nigeria), wadda ta samo asali daga wani taro a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya a 1982, ba ta ɓoye cewa tana kallon matsalar mata ta fuskar aƙidar nan haɗe da nazarin ajin masu hannu da shuni da talakawa ba. FOMWAN kuwa, wato tarayyar ƙungiyoyin mata Musulmi ta Najeriya, wadda aka kafa a Minna a 1985, a kan Alƙur'ani da Sunna ta tsaya, tana gina makarantu da asibitoci, kuma ba ta ɗauki wancan suna ba. Hajiya Gambo Sawaba ta sha ɗauri da duka a zamanin NEPU a kan a bar matan Arewa su jefa ƙuri'a, abin da bai tabbata ba sai a 1976, shekaru masu yawa bayan matan Kudu. Zawarawan da suka shirya jerin gwano a nan Kano a farkon 2009 a kan yawan saki, har Hisba ta hana, su ma haƙƙi suke nema. Duk waɗannan aiki ɗaya ya haɗa su, amma ba aƙida ɗaya ba. Saboda haka ina ganin kalma biyu muke bukata, ɗaya ta aikin, ɗaya ta aƙidar.

Malamar adabi:

Barista ta warware min abin da ya daɗe yana ɗaure min kai a aji. Ta ɓangaren aiki ba sai mun ƙirƙiri komai ba, domin 'yan jarida sun saba da “masu rajin kare haƙƙin ɗan'adam”, sai mu ce “rajin haƙƙin mata”, mai yin sa kuma “mai rajin haƙƙin mata”, namiji ne ko mace. Wannan zai ɗauki Gambo Sawaba, ya ɗauki Malam Aminu Kano, ya ɗauki Malam Isa Wali da rubuce-rubucensa na 1956 a kan matsayin mata a Musulunci, ba tare da an laƙaba wa ɗayansu aƙidar da bai ce tasa ba ce.

Ta ɓangaren aƙida kuwa shawarata ita ce mu ari kalmar mu yi mata ɗinkin Hausa, mu ce “feminanci”. Ɗafin “-anci” shi ne wanda harshen ya tanada domin tafarki da aƙida, kamar Sufanci da Shi'anci da Kiristanci da Yahudanci. Aro ba abin kunya ba ne ga harshen da ya karɓi dimokuraɗiyya da siyasa da jamhuriya ya mai da su nasa. Amfanin aron a nan shi ne kalmar za ta zo fanko, ba yabo ba zagi, kuma baƙuncinta a fili yake, don haka ba wanda zai ce an ɓoye masa asalinta. Daga nan rassan za su samu sunaye cikin sauƙi: feminancin 'yan sassauci, feminancin 'yan gurguzu, feminancin tsattsauran ra'ayi, har da feminancin Musulunci, wanda wasu masana mata a Masar da Maroko da Malesiya suke da'awa, wasu malamai kuma suke cewa sunan ya ci karo da kansa. Ko wannan musun ma sai da kalmar za a iya yin sa da Hausa.

Malamin Islamiyya:

Malama, na karɓi rabon nan gida biyu, da sharaɗin kada 'yan jarida su riƙa musanya ɗaya da ɗaya idan sun ga dama. Zan dai tuna miki cewa “-anci” ɗin nan shi ne kuma a cikin iskanci da shashanci, kuma na san matasanmu, ba za su daɗe ba su mai da “feminanci” abin tsokana.

Malamar adabi:

Gaskiya ne, Malam, amma wanda ya yi niyyar tsokana ko wace kalma aka ba shi zai yi da ita, kuma “feminist” ɗin da suke amfani da ita yanzu ba ɗafin Hausa a jikinta. Abin da ke hannunmu shi ne yadda za a rubuta ta a labarai da littattafan makaranta.

Mai fassarar labarai:

Na gode wa malamai baki ɗaya. Na gwada kalmomin a kan jimlolin da muke cin karo da su, kuma sun zauna. Inda labari yake magana a kan mata da suka fito neman a hukunta masu fyaɗe, ko a kan yunƙurin ArewaMeToo na 2019 na fallasa masu cin zarafin mata, zan rubuta “masu rajin haƙƙin mata”. Inda mace ta kira kanta da sunan aƙidar da bakinta, ko ana nazarin mazhabar a matsayin ilimi, zan rubuta “mai ra'ayin feminanci”, jam'i kuma “masu ra'ayin feminanci”. Na guji “'yar feminanci” da gangan, domin “'yar” a irin wannan wuri tana ɗauke da ɗan raini, ga shi kuma ta fitar da maza, alhali WIN kanta tana karɓar maza a matsayin mambobi. “Matantaka” na bar wa Malama da ɗalibanta su mayar da ita inda ta ce ta fi dacewa. Inda kuma takardar hukuma ta zo da maganar daidaito, kamar yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1979 a kan kawar da wariya ga mata, wadda Najeriya ta amince da ita a 1985, zan rubuta “daidaito tsakanin maza da mata” a cike, ko da zai ci min daƙiƙa biyu a lokacin labarai. Ita kuwa “jinsi” a ma'anar da masana zamantakewa suke nufi, wato matsayin da al'ada take ɗora wa namiji da mace dabam da halittar jiki, tana bukatar nata zaman, kuma ina roƙon Barista da Malama su buɗe mana shi.