Zauren malaman SVT (kimiyyar rayuwa da ƙasa) na Maradi: wa ke da dabarar koyar da iccen salsala?

Sabuwar Malama: Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Sati mai zuwa zan shiga darasin iccen salsalar halittu, wato zanen rassa da ke nuna dangantakar masu rai, da ƴan terminal. Ni kaina a takarda kawai na san shi, ban taɓa gina ko ɗaya ba. Akwai wata manhaja da zan sa a waya in nuna musu? Ajin mutum 74 ne, ba mu da ordinatar.

Mushen Tibiri: Wa alaikis salam ƙanwata. Lifemap. Wani malamin jami'ar Liyon ta Faransa ya yi ta, kamar taswira take, kina buɗawa da yatsu kina shiga reshe bayan reshe.

Mai Jar Akuya: OneZoom ma haka, amma sai da reso mai ƙarfi. A unguwarmu sai na hau bisa dakali.

Tsohon Direkta: Ɗiyata, aje wayar tukuna. Waya ɗaya, yara 74, na baya mi za su gani? Kuma waɗannan duk icce ne da aka gama ginawa, kallo kawai za su yi. Ɗauki alli ki ja tablo. A gefe ki jera kaza, jaki, raƙumi, raƙumin dawa, saniya, akuya. A sama ki rubuta siffofi huɗu: shayar da nono, ƙafa mai yatsu biyu, ciki mai ɗaki huɗu, ƙaho mai kube. Mai siffa ya samu 1, marar ita 0. Kaza za ta tashi da sifiri huɗu, ita ce bare, daga wajenta saiwa take. Jaki ya tsaya ga nono. Raƙumi ya kai yatsu biyu ya tsaya, don cikinsa ɗaki ukku ne duk da yana tuƙa. Raƙumin dawa ya kai ɗaki huɗu. Saniya da akuya su ne suka cinye duka. Ki sa yaro ya zagaye masu siffa ɗaya, da'ira cikin da'ira kamar jeren kwanonin amarya, kowace da'ira ita ce gwafa ɗaya ta iccen. Shekara 19 ina yin haka, kuma kullum wurin da aji ke ɗaukar hayaniya shi ne in suka ga raƙumin dawa ya fi kusa da saniya a kan raƙumi.

Bafillacen Dakoro: Ashe namu ne! Shi ya sa da aka kawo raƙuman dawa guda 8 gandun dajin Gadabeji daga Kure a 2018 suka zauna lafiya da shanunmu.

Mai Jar Akuya: To Fulani za su fara neman nononsa ke nan.

Bafillacen Dakoro: Kai ka ji da akuyarka da ke cinye kayen ɗalibai.

Sabuwar Malama: Na gode Baba. Amma in yaro ya ce don mi ba a sa dogon wuya cikin tablo ba? Ai raƙuman biyu duk suna da shi.

Tsohon Direkta: Za su tambaya, kuma ki yi murna in sun tambaya. Ki sa shi a tablon. Siffa ɗaya za ta ja raƙumin dawa wajen raƙumi, sai ki ƙara wasu su gani: kofato maimakon tafin nama, ƙaho bisa kai, haƙoran gaba na sama da babu. Duk suna jan shi wajen saniya. Iccen da ya fi ƙarancin sauye-sauye shi ake ɗauka. Jemage na da fiffike amma nono yake bayarwa, kama da wane ba ta wane.

Ɗalibar Agro: Malamaina ku yi haƙuri, zan yi dogon rubutu, don abin nan ya taɓa sa ni kuka a bainar jama'a kuma ba na son ya samu wani. Memuwar ɗina a kan wake da danginsa na yi. Mai duba aikina ya ce in sa icce a babi na ukku, ya tafi wani taro, wata biyu ba ya gari. Wata ƙawata ta kai ni wurin wani mutum a wata siber, aka ce shi ke yi wa kowa. Jikka ashirin ya karɓa. Innata ta sayar da ɗan bunsurun da take turke don salla ta aiko mini. Kwana biyu ya miƙo mini kile USB, icce mai launi, rassa a miƙe, har da lambobi a kan kowace gwafa. Wallahi na yi ta kallonsa ina jin daɗi.

Ranar sutnans, wato ranar kare memuwar, babana ya zo daga ƙauye tun da asuba, ƙannena sun jera kulolin abinci a bakin ƙofa. Wani dattijo cikin masu jarrabawar ya sa tabarau ya ce, "Ɗiyata, ina saiwar iccen nan?" Na yi shiru. Ya ce, "Wannan 34 da wannan 41 da ke kan rassa, mi suke nufi?" Na ce tsawon reshe ne. Bai yi faɗa ba, sai ya ce a buɗe fayil ɗin jerin ADN, wato haruffan gadon da aka gina iccen da su. Nan aka ga ɓarnar. Mutumin ya shiga GenBank, rumbun jerin ADN da ke intanet, ya kwaso duk abin da ya fara fitowa. Na wake da na gyaɗa daga ƙwayar gado ta rbcL suke, na kwaruru da waken soya daga matK. Wato an gwada kunnen wani da hancin wani. Shi ya sa wake ya rungumi gyaɗa, kwaruru ya koma can nesa. Kuma bai sa bare ko ɗaya ba, injin ne ya dasa saiwa inda ya ga dama. Aka ɗage ni wata ukku. Abincin nan haka aka mayar da shi gida, babana bai ce mini komi ba sai "Allah ya sa haka ya fi alheri", wannan ya fi mini ciwo.

Da na zauna da kaina na aro ordinatar na sa MEGA, manhajar gina icce, kyauta take. Na ɗauko rbcL kaɗai ga kowa. Na daidaita sahu da MUSCLE da ke cikinta, sannan na bi da ido harafi bayan harafi, na yanke bakin gaba da na baya inda wasu suka fi wasu tsawo. Jeri ɗaya ya ƙi shiga sahu sam, ashe a juye aka ajiye shi, sai da na juya shi. Na sa bagaruwa ta zama bare. Na yi butsirap sau 1000, wato injin ya yi ta sake ɗibar ginshiƙan jerin yana gina icce, lambar da ke kan gwafa ita ce sau nawa cikin ɗari wannan gwafar ta dawo. Abin da bai kai 70 ba kada ki ɗora magana a kai. Wake da kwaruru suka fito ɗaki ɗaya, ai dama duk jinsin Vigna ne, waken soya na biye, gyaɗa can gefe. Shawarata, kada kowa ya biya a yi masa icce. Wanda ba ka gina ba, tambaya ɗaya za ta kayar da kai daga kansa.

Mushen Tibiri: Subhanallahi. Allah ya saka wa Inna.

Mai Jar Akuya: Har yanzu mutumin na nan? A faɗi wurin yara su kiyaye.

Mai Zaure: Ba a kiran suna a nan, kun san doka. Mai so ya bi ta gefe.

Ɗan Tarna: Abin da ya ba ni sha'awa a labarinki shi ne kwaruru da gyaɗa. Su biyun suna binne ƴaƴansu a ƙasa, kowane manomi zai rantse uwa ɗaya uba ɗaya suke. Alhali gyaɗa daga Kudancin Amurka ta zo, kwaruru kuwa ɗan nan Afirka ta Yamma ne. Kowa da hanyar da ya bi ya koyi binnewa.

Mushen Tibiri: Gyaɗa kuma? Yaushe muka koma Kano? Gujiya muke cewa.

Ɗan Tarna: In na ce gujiya rabin zauren nan kwaruru za su ji, shi ya sa.

Mushen Tibiri: Garin da gujiya ta gina, a ce ba a san sunanta ba?

Ɗan Tarna: Naka ya fi, Mushe. Bari in ƙara wa Malama misali daga gona, don yaranmu sun fi sanin hatsi a kan dabbobin littafi. Gero da ƙarangiya dangin juna ne na kusa, kusancin da ya sa a 2010 masana suka haɗe jinsin gero cikin Cenchrus, sunan da ƙarangiya ke ɗauke da shi tun da. Acca ma a ɓangarensu take. Dawa kuwa da muke shukawa kunya ɗaya da gero ta fi kusa da masara da rake. Shinkafa da alkama suna wani babban reshe dabam. Ki sa kowane yaro ya zo da zangarniya da ƙarangiyar da ta maƙale masa a wando, a buɗe a ga ƴan gashin da ke kewaye da ƙwayar gero, su ne suka zama ƙaya a ƙarangiya. Kuma ba don jarrabawa kaɗai ake wannan ba. Mai neman irin da zai jure fari ko cuta, dangin daji na kusa yake fara dubawa. Ga shibra nan da muke tsinewa a gona, geron gida da na daji ne ke barbarar juna. Tarihin noman gero kansa a Sahel yake, mafi tsufan ƙwayoyin da aka tono a kwarin Tilemsi na Mali sun kai wajen shekara 4500.

Mai Jar Akuya: Gero da ƙarangiya! Kowane gida da nasa.

Malam na Mokoyo: Ina bin ku tun ɗazu. Ni tambayata ɗaya, kuma don Allah a ba ni amsa ba da fushi ba. Wannan icce ba shi ne na Darwin da ake cewa mutum daga biri ya fito ba? Yarana biyu suna terminal.

Tsohon Direkta: Malam, tambayarka a kan hanya take, iyaye da yawa sun same ni da ita har gida. Gaskiya ne Darwin ya zana irin wannan icce a 1837 cikin kundinsa, ya kuma sa shi a littafinsa na 1859. Hanyar tablon da na faɗa kuwa ta wani Bajamushe ce mai nazarin ƙwari, Willi Hennig, a 1950. Amma ka lura da abu guda: a iccen nan duk mai rai yau a bakin reshe yake zaune, babu wanda yake kakan wani. Taubashinka ba kakanka ba ne. Abin da masu ilimin ke cewa shi ne tushe ɗaya, kuma ba zan ɓoye maka ba, sun sa mutum a ciki, yana cikin abin da za a tambayi yara a bak. Ni ina koyar da shi yadda yake, maganar Annabi Adamu kuma ku ne malamanmu, gare ku muke ɗauka.

Malam na Mokoyo: Na ji, amma raina bai gama kwanciya ba. Zan zo mu zauna.

Tsohon Direkta: Bismilla, bayan la'asar ina gida kullum.

Mai Zaure: Madalla. A bar wannan a nan, bara sai da mutum ukku suka fita saboda ita.

Likitan Dabbobi: Da irin wannan iccen ake bin sawun cuta. Ƙwayar shan inna in an same ta ga yaro, jerinta ake gwadawa a san daga wane yanki ta taso. Murar tsuntsaye ma haka.

Ɗalibar Agro: Malama, na manta abu ɗaya. Yara za su riƙa karanta sunayen da ke jere a sama su ce na kusa da na kusa su ne dangi. Ki yanko gwafa ta gaske daga dalbejiya, ki ɗaura takarda a kowane baki, ki juya ta a gabansu. Na dama ya koma hagu amma mahaɗar ba ta motsa ba. Daga baki ake saukowa har a iske inda rassa biyu suka haɗu.

Mushen Tibiri: Ni da gidan mata biyu nake kwatanta musu. Ƴan ɗaki ɗaya sun haɗu ga uwa, ƴan uba sai an hau sama. Ko ina suka tsaya a hoton salla, haka abin yake.

Bafillacen Dakoro: Wai don Allah dabba shida kawai, mi zai hana a gwada duk yadda za su iya jeruwa a zaɓi mai kyau?

Ɗan Tarna: Shida na ba da icce mai saiwa 945. Goma kuwa 34,459,425. Gwada mu gani.

Bafillacen Dakoro: Na fasa.

Mai Jar Akuya: Ku tsaya, gawo fa? A tsohon littafina Acacia albida yake, a na yanzu Faidherbia. Bagaruwa ma an ce ta koma Vachellia. Wanne zan ba yara?

Ɗan Tarna: Na yanzu. Da aka gina iccensu aka ga ba gida ɗaya suke ba, sai aka raba, sunan Acacia ya zauna ga na Ostareliya, an tabbatar a taron Melbon na 2011. Ɗakwara ta zama Senegalia.

Mai Jar Akuya: Wato ƙayar tamu, sunan nasu.

Sabuwar Malama: Na kwafe tablon Baba. Wa ya san mahaucin da zai ba ni cikin akuya ɗaya bai yanyanka ba, ranar Talata da safe?

Mushen Tibiri: Ki je mahauta kafin ƙarfe bakwai da bokiti mai murfi. Na raƙumi ne mai wuya, sai an yi magana tun daren.

Likitan Dabbobi: Bar mini na raƙumin, Talata ina duba nama. Ki turo yara biyu masu ƙarfi, ba ya ɗaukuwa a kabu-kabu.