Wa ya janye tsanin?

Malamin Ƙauye: Assalamu alaikum. Ina koyarwa a wata firamare kusa da Maigatari, iyalina suna Gumel, sai ranar Juma'a nake ganinsu. Jiya da dare na kalli wani tsohon fim ɗin Japan na 1964, Suna no Onna, na Hiroshi Teshigahara. Wanda ya tura mini ya ce na batsa ne. Akwai inda na kau da kai, amma ba shi ya hana ni barci ba. A fim ɗin, wani malamin makaranta ne ya je neman ƙwari, mutanen gari suka saukar da shi cikin ramin yashi, gidan wata bazawara da rairayi ya binne mijinta da 'yarta. Gari na wayewa ya tarar an janye tsanin igiya. In ba su kwashe yashi ba, ba a sauko musu da ruwa. To abin da ya shiga tsakaninsu, so ne, ko kaɗaici ne kawai ya haɗa su?

Ɗan Ringim: Malam, ka goge shi. Ido ma yana zina, kuma kai kaɗai kake kwana.

Abban Hafsa: Gaskiya ne, amma wannan ba ya cikin fina-finan batsa da kamfanin Nikkatsu na Japan ya fara yi a 1971, lokacin da talabijin ta kwashe masa 'yan kallo. Daga littafin Kobo Abe aka ɗauko shi, har ya ci kyauta a bikin fina-finai na Kan a Faransa. Ni ban ga so ba. Mutumin fursuna ne, ita ma fursuna ce, masu gari ne ke da iko.

Maman Sadiya: Ku maza tausayin malamin kuke ji. Ita fa? Ya zo da tunanin gudu, ita ko inda za ta gudu ba ta da shi. Wani fim ɗin Japan, Onibaba, shi ma na 1964 ne: suruka da matar ɗanta cikin dogayen ciyayi, miji ya tafi yaƙi. Tsohuwar ta sa fuskar aljani don ta hana yarinyar zuwa wajen wani namiji, tsoro take kar a bar ta ita kaɗai. A garinmu akwai matar da mijinta ya shekara uku a Legas ci-rani, surukarta ce ke riƙe da wayarta.

Malamin Ƙauye: Hajiya, ban ma yi tunanin matar ba sai yanzu. A ƙarshe an bar masa tsanin a rataye, ya hau ya leƙa, ya koma ramin da ƙafarsa. Wannan ne har yanzu yake damuna.